Yadda ake bambance tarwadar teku da kifayen gulbinmu

Mutumin Sakkwato ya san tarwada da kurungu tun daga abin da sarkawa ke fitarwa daga Gulbin Rima da madatsar ruwa ta Goronyo, amma akwai wata 'yar uwarsu da ke zaune a gaɓar tekun Afirka ta Yamma, wadda masana suka sanya cikin dangin Ariidae. Ga yadda za a gane ta idan an tarar da ita ɗanya ko banda.

Da farko a dubi wutsiya da baya. Wutsiyar tarwadar gulbi zagayayya ce, kuma fiffiken bayanta dogo ne har kusan wutsiya. Ta teku kuwa wutsiyarta a rabe take biyu, fiffiken bayanta gajere ne mai ƙaya, sannan akwai wani ɗan fiffike na tsoka kusa da wutsiya. Wannan kaɗai bai isa ba, domin kurungu ma haka yake.

Saboda haka sai a ƙirga gashin baki. Tarwadarmu tana da guda 8, ta teku tana da 6, kuma nata santala-santala ne, ba kamar na haɓar kurungu masu rassa ba.

Kafin a kama tarwadar teku da hannu, a lura da ƙayoyi uku, ɗaya a baya biyu a gefe. Suna da haƙora kamar zarto, suna kuma da dafi, don haka a datse su kafin a fara gyara.

Idan an buɗe ciki, abin da aka gani zai iya nuna inda ta fito, domin tana kiwo ne a ƙasan ruwa mai laka, musamman inda kogi ke shiga teku, tana laluben ƙaguwa da jatan lande da tsutsotsi da ƙananan kifaye.

A ƙarshe a leƙa cikin baki, wanda a ganina nan abin mamakin yake. Macen tana yin ƙwai kaɗan amma manya, kowane ya kai ƙwayar gujiya, namijin kuma shi ke ɗauke su a bakinsa makonni da dama ba ya cin komai, har su ƙyanƙyashe 'ya'yan su yi ƙwari. Wanda aka samu da ƙwai a baki kuma tumbinsa wayam, to namiji ne.