Kurakuran da ɗalibai suka fi yi wajen kwatanta tsarin mulkin ƙasashe

Kuskuren da ya fi damuna shi ne dogaro da suna. Ɗalibi ya ga shugaban ƙasa a Amurka, ya ga shugaban ƙasa a Jamus, sai ya ɗauka kujera iri ɗaya ce. To, kama da wane ba ta wane. Na Amurka shi ke jan ragamar gwamnati, na Jamus kuwa muƙaminsa na girmamawa ne, iko yana hannun shugaban gwamnati wanda majalisar Bundestag ke zaɓa. Faransa kuma tun 1958 ta raba ikon tsakanin shugaban ƙasa da firaminista, har ta kai daga 1997 zuwa 2002 Shugaba Chirac ya yi mulki da Firaminista Jospin, alhali jam'iyyunsu na adawa da juna. Maganin wannan shi ne ka ajiye sunan muƙami ka tambaya: wa ke naɗa wa, wa zai iya sauke wa, kuma kasafin kuɗi a hannun wa yake?

Wasu kuma su haddace kundin tsarin mulki su ce sun san ƙasa. Birtaniya ba ta da kundi guda a rubuce, amma gwamnati kan faɗi idan ta rasa goyon bayan majalisa. Koriya ta Arewa kuwa har a cikin sunanta akwai dimokuraɗiyya. Ka haɗa abin da aka rubuta da abin da ake aikatawa.

Sai yadda ake mayar da ƙuri'u kujeru, wanda da yawa ke tsallakewa don suna ganin lissafi ne. Ni ina ganin a nan rabin darasin yake. A zaɓen shugaban Amurka na 2016 Hillary Clinton ta fi Donald Trump ƙuri'un jama'a da kusan miliyan 3, amma shi ya ci, domin wakilai 538 ne ke zaɓen shugaba, wanda ya samu 270 ya haye. A Holan kuwa ana raba kujeru 150 na majalisar wakilai gwargwadon ƙuri'un kowace jam'iyya, shi ya sa gwamnatin haɗaka ta zama ruwan dare a can.

Akwai kuma mai ɗauko ƙasashen da suka gaskata ra'ayinsa kaɗai. In kana ganin tsarin tarayya na kawo zaman lafiya, kada ka tsaya kan Suwizalan. Ka duba Yugosilabiya, wadda ita ma tarayya ce, ta kuma fara wargajewa a 1991, ka nemo abin da ya bambanta su.