Kafin ka shiga damben boksin na ƙwararru a ajin masu nauyi

Duk ƙaton da ya shigo wurin atisayena, ƙafafunsa nake fara kallo, ba damtsensa ba. A yawancin hukumomi, ajin masu nauyi yana farawa daga sama da fam 200, wato kilo 90.7, kuma ba shi da iyaka ta sama. Wannan ne ke ruɗin yara, su ɗauka girman jiki ya gama magana. A Mayun 2024 Oleksandr Usyk ya doke Tyson Fury a Riyadh, alhali Fury ya fi shi da kusan fam 40.

To, ɗana, fara da gudun asuba da tsallen igiya. Sai naushin hannun gaba, wanda ake ce wa jab. Ka yi ta jefa shi wata da watanni har kafaɗarka ta daina ƙorafi, domin shi ne ma'aunin tazara tsakaninka da mutumin da naushinsa ɗaya zai iya kashe maka fitila.

Kada ka tsallake damben da ba na kuɗi ba. A nan ake shan kaye ba tare da an rubuta shi a tarihin sana'arka ba. Kuma ba ka makara ba: Anthony Joshua yana ɗan shekara 18 ya fara, ya ci zinare a gasar Olamfik ta Landan a 2012, sannan ya zama ƙwararre a 2013. Masu nauyi ba sa nuna da wuri, suna kuma daɗewa. George Foreman ya ƙwace kambu a 1994 yana da shekara 45.

Lasisi daga hukumar dambe ake karɓa, bayan gwajin jini da na ido, wasu wuraren har da hoton ƙwaƙwalwa. Za ka fara da turmi 4, kowanne minti 3 da hutun minti 1, ka hau 6, 8, 10. Turmi 12 galibi sai wasan kambu, irin na manyan ƙungiyoyin dambe na duniya, WBA, WBC, IBF ko WBO.

A nan gaggawa ke cin mutane. Na taɓa riƙe wani yaro da ya ci wasa bakwai a jere. Aka yi masa tayin kuɗi mai tsoka ya kara da wanda ya yi wasa talatin. Na ce a'a, ya ce na tsufa. A turmi na biyu na jefa tawul, alamar mun sallama. Abokin karawa zaɓensa ake yi: yau bahago, gobe dogo, jibi mai jure duka, kowanne da darasin da zai koya maka.

Sai kuɗi. Adadin da aka sanar ba shi ne ke shiga aljihunka ba. Manaja kan ɗauki har kashi ɗaya cikin uku, koci kashi 10 cikin ɗari, ga mai tsayar da jini, ga abokan atisaye, ga haraji. Kada ka sa hannu a takardar da lauyanka bai karanta ba, naka na kanka, ba na mai shirya wasa ba. A Amurka sai da aka yi doka a 2000, mai sunan Muhammad Ali, don raba aikin manaja da na mai shirya wasa. Joe Louis ya kare kambunsa sau 25, amma bashin haraji ya bi shi har tsufa. Mike Tyson ma ya bayyana karayar arziki a 2003.

Tunda ajinku ba a tilasta rage nauyi, cikinka ne abokin gabanka. Buster Douglas ya kayar da Tyson a Tokyo a Fabrairun 1990, ya dawo a Oktoba da ƙiba, fam 246, Evander Holyfield ya kwantar da shi a turmi na uku. Shi ya sa sikelina yake bakin ƙofa. Duk Litinin za ka hau, ina rubutawa.