Yadda za ka fara kallon tsofaffin finafinan takobi na Chana

Da farko dai ka raba abu biyu da mutane suke haɗawa. Fim ɗin Bruce Lee daban, na 'yan takobi daban. Shi Bruce Lee naushi ne da ƙafa, kuma sai a 1971 tauraronsa ya haska, su kuwa waɗannan da ake kira wuxia sun riga shi. A wuxia, jarumi ne mai yawo gari-gari da takobinsa, ba gida ba mata, ba ya ƙarƙashin sarki ko alƙali, in ya ga zalunci sai ya sa baki ko ba a kira shi ba.

Ka fara da Come Drink with Me na 1966, kamfanin Shaw Brothers na Hong Kong, daraktan King Hu. Mace ce ma jarumar, Cheng Pei-pei, asalinta 'yar rawa ce shi ya sa faɗanta yake da tsari haka. Ka lura da wajen da ta shiga masauki ta zauna, 'yan daba sun kewaye ta kowa yana gwada ta, ba wanda ya zare takobi tukuna amma kai mai kallo ka riga ka gyara zama. Don Allah kar ka tura gaba a irin wannan waje don neman faɗa, nan daɗin yake.

Daga nan sai One-Armed Swordsman na 1967, na Chang Cheh, inda 'yar malamin jarumin, Wang Yu, ta sare masa hannun dama, ya koma ya koyi faɗa da hagu da karyayyen takobin babansa. Wannan akwai jini sosai, ba na kallo da yara ba ne.

A Touch of Zen ka bar shi sai ka saba, kusan awa uku ne kuma yana da jan rai, duk da ya ci kyauta a bikin finafinai na Cannes da ke Faransa a 1975.

Maganar yadda jaruman ke tashi sama kuwa, kar ka tsaya kana cewa ƙarya ce, kowa ya sani, wayar ƙarfe ce da abin tsalle da yankan hoto, lokacin babu kwamfuta. Sannan in da hali ka nemi kwafi mai muryar asali ta yaren Mandarin na Chana da rubutun fassara a ƙasa, wanda aka ɗora wa muryar Turanci wallahi sai ya mayar maka da babban bos abin dariya.