Yadda Ake Gwada Bindigar Bulfof Mai Salansa a Filin Harbi

Bindigar da ake kira bulfof ita ce wadda aka mayar da gidan harsashinta da injinta bayan kunama, kusa da kafaɗar mai harbi, ta yadda bindigar za ta gajarce ba tare da an rage tsawon bututunta ba. Sojojin Ostiriya sun zaɓi Steyr AUG a 1977, Faransa ta ɗauki FAMAS a 1978, Birtaniya kuma ta bi da L85 a 1985, daga baya Isra'ila ta fito da Tavor. Mafi yawan farar hular da ke ɗaura wa irin wannan bindiga salansa, wato na'urar rage ƙarar harbi da ake sa wa a bakin bututu, suna Amurka ne, inda dokar tarayya ta 1934 ta wajabta yin rajistar salansa, wadda ake yi a ATF, hukumar da ke kula da harkar bindigogi, kuma jihohi 42 suka halatta mallakarta. Saboda haka wannan bayani ya shafi wanda yake ƙasar da doka ta ba shi izini ne, kuma yake harbi a filin da aka amince da shi.

Abin da ke jan mutane ga haɗa su biyun shi ne tsawo. Tavor X95 da ake sayar wa farar hula tana da bututu mai inci 16.5, amma gaba ɗayanta inci 26 ce da 'yan kai, alhali AR-15 mai bututu kusan iri ɗaya ta haura inci 32 ko da an tura gindinta ciki. Idan aka ƙara wa bulfof salansa mai inci shida ko bakwai, sai ta tashi daidai da tsawon AR-15 da ba a ɗaura wa komai ba. Akwai kuma ribar nauyi, domin bulfof a asalinta nauyinta a baya yake, salansar kuma tana jan ma'aunin zuwa gaba kaɗan, har bakin bindigar ya daina yawan tsalle. Sai dai wannan riba tana da farashi, kuma fuska da kunnen mai harbi ne suke biya, don haka gwajin da ya dace shi ne wanda zai nuna maka girman wannan farashi kafin ka saba da shi.

Aikin yana farawa ne tun a gida, bayan ka tabbatar da idonka da yatsanka cewa babu harsashi a cikin bindigar. Duba ko tiredin bakin bututun, wato zanen da ake murɗa salansa a kai, ya dace da na salansar, domin ba duka bulfof ke da tiredi ɗaya ba. Yawancin bindigogin Amurka masu harsashin milimita 5.56 suna da tiredin 1/2x28, amma AUG da yawa suna zuwa da tiredin Turai na M13x1 wanda ake ɗaurewa ta hagu, kuma wanda bai san haka ba zai yi ta murɗawa yana ƙara ɗaure abin da yake son kwancewa. Bayan ka ɗaura salansar, zura sandar gwajin daidaito daga bututu zuwa bakinta, ka ga ko sandar ta fito a tsakiyar ramin. Idan ta jingina da gefe ɗaya, kada ka yi harbi ko sau ɗaya, domin harsashin zai iya dukan faifan da ke cikin salansar ya lalata ta. Mai gyaran bindiga ne ya kamata ya duba wannan matsala.

A filin harbi, fara ba tare da salansa ba. Ɗora bindigar a kan buhun yashi, ka harba harsashi biyar a nisan yadi 50 ko 100, ka sake biyar a wani allo, sannan ka rubuta inda ramukan suka taru da faɗin tarinsu. Ka kuma lura da inda kwanson harsashi yake faɗuwa da irin nisansa. Daga nan sai ka ɗaura salansar ka maimaita da harsashi iri ɗaya, daga kwali ɗaya. Kusan kullum tarin ramukan zai kauce daga inda yake, sau da yawa zuwa ƙasa, saboda nauyin da aka rataya a bakin bututun ya canza yadda yake girgiza. Kaucewar kanta ba aibi ba ce. Abin dubawa shi ne ko tana komawa wuri ɗaya duk lokacin da aka cire salansar aka mayar, don haka ka bari ta huce, ka cire ta, ka mayar, ka sake harbi aƙalla sau biyu. Idan kaucewar tana maimaita kanta, sai ka rubuta adadinta ka gyara saiti. Idan kuwa kowane zagaye da inda take zuwa, to maɗaurin ne ba ya zama daidai.

Batun hayaƙi shi ne zuciyar gwajin, kuma a nan ne ya kamata ka kashe mafi yawan harsashinka. Salansa tana rage ƙara ne ta hanyar tsare iskar gas mai zafi a cikin ɗakunanta na ɗan lokaci, amma wani ɓangare na gas ɗin yana komawa baya ta cikin bututu, ya fito lokacin da injin ya buɗe don ya jefar da kwanso. A bindiga irin ta AR-15 ƙofar kwanson tana gaban fuska da ɗan tazara. A bulfof kuwa kuncinka yana kwance a kan murfin injin, ƙofar kuma tana dab da kunnenka, don haka hayaƙin yana fitowa kusa da ido da hanci. Harba harsashi goma a hankali, ɗaya bayan ɗaya, sannan goma a jere da ɗan sauri, ka lura a harbi na nawa idonka ya fara yaji ko hawaye. Wasu suna goge kuncinsu da farin ƙyalle bayan kowane zagaye don su ga yawan baƙin da ya sauka, kuma wannan dabara ta fi a dogara da tunani kawai. Idan kwanson ya fara tashi da ƙarfi fiye da dā, ko ya koma faɗuwa ta gaba, ko kuma bugun bindigar a kafaɗa ya ƙaru, alama ce gas ya yi wa injin yawa, yana gudu fiye da yadda aka ƙera shi, wanda hakan ke saurin cinye kayan ciki.

Maganin ya danganta da irin bindigar. Springfield Hellion, wadda asalinta VHS-2 ce ta Kuroshiya, tana da makunnin gas, wato abin da ke rage ko ƙara gas ɗin da ke motsa injin, mai matsayi biyu, ɗaya na harbin yau da kullum, ɗaya na salansa. Kel-Tec RDB tana da makunni mai matakai da yawa, kuma tana zubar da kwanso ta ƙasa, wanda hakan ke kawar da ƙofar daga gefen kunne. Ga mai matakai da yawa irin RDB, rage gas ɗin mataki mataki da harsashi ɗaya tak a gidan harsashi, har ka kai inda injin ya kasa tsayawa a buɗe bayan harbin ƙarshe, sannan ka ƙara mataki ɗaya ko biyu domin bindigar ta ci gaba da aiki ko da ta yi datti. X95 ba ta da makunnin gas, shi ya sa ta yi suna da yawan hayaƙi, kuma masu ita sukan rufe ƙofar kwanso ta ɗaya gefen da ba a amfani da ita da murfi mai roba a gefensa. A ganina, ga bindigar da ba ta da makunni, salansar da ke barin gas ya wuce ta gaba, irin ta HUXWRX, ta fi dacewa, ko da ta ɗan fi ƙara ga wanda ke tsaye a gefe.

Game da ƙara, kada kalmar salansa ta ruɗe ka. Harbin 5.56 ba tare da komai ba yana haura desibel 160, salansa mai kyau kuma tana rage tsakanin 20 zuwa 35, alhali desibel 140 ne iyakar da ake ɗauka ƙara mai zuwa farat ɗaya tana fara cutar da kunne. Harsashin kansa yana gudun kusan mita 900 a daƙiƙa, sauti kuwa kusan 340, don haka tsagawar da yake yi wa iska tana nan ko da wace salansa. Ƙari a kan haka, ƙarar da ke fita ta ƙofar kwanso a bulfof tana kusa da kunne, ta yadda abokinka da ke tsaye a baya zai ce bindigar ta yi shiru, kai kuma kunnenka yana amo. Sanya matoshin kunne da tabarau masu rufe gefe tun daga harbin farko har na ƙarshe. Idan kana son kwatantawa, ku yi musanyar wuri da abokin naka, kowa ya ji daga mazaunin mai harbi.

Zafi yana zuwa da wuri. Gidan harsashi ɗaya mai 30 da aka harbe a jere ya isa ya sa salansa ta ƙona fata, kuma da yake hannun gaba a bulfof yana kusa da bakin bututu, sai ka kula da inda kake ɗora yatsunka. Turirin zafin da ke tashi daga salansar yana sa allo ya riƙa rawa a madubin saiti, saboda haka ka yi gwajin daidaito tun tana sanyi, ka bar harbin sauri zuwa ƙarshe. Tsakanin zagaye, sanya safar hannu mai jure zafi ka taɓa salansar ka ji ko ta saki, bayan ka cire harsashi kuma bakin bindigar yana kallon allo.

Da ka koma gida, buɗe bindigar ka duba injin da fistin da harsasan da suka rage a gidansu, za ka tarar sun yi baƙi fiye da yadda ka saba gani. Goge su ka sa mai, ka wanke hannunka da fuskarka da sabulu saboda ƙurar dalma, sannan ka rubuta matsayin makunnin gas da irin harsashin da adadin kaucewar saiti a takarda, ka ajiye ta a jakar bindigar don zuwa na gaba.