Yadda za ka bi tarihin rundunar Bhangi ta Sikh ba tare da ka rikice ba

A Ilupeju da Apapa, har ma a wasu masana'antun Ikeja, Bahaushen Legas yakan haɗu da Ba'indiye mai cikar gemu da naɗaɗɗen rawani, kuma da yawa daga cikinmu mukan ɗauka Musulmi ne, sai an gaisa mu ji sunansa ya ƙare da Singh. Mabiyin addinin Sikh ne, kuma kakanninsa sun bar tarihin yaƙi da sarauta wanda ya cancanci a zauna a karanta. Samarin da nake koya wa tarihi da yamma a Agege ne suka matsa mini da tambaya a kan waɗannan mutane, sai na zaɓi runduna ɗaya, wato Bhangi, wadda ta fi sauran ƙarfi a tsakiyar ƙarni na 18. Ga hanyar da na ga ta fi sauƙi ga wanda zai fara.

Kafin ka haddace sunan kowa, ɗauki takarda ka zana ƙasar da aka yi wannan tarihi, wato Punjab, wadda a yau take rabe tsakanin Indiya da Pakistan. Sunan Punjab yana nufin ruwa biyar, don haka ka ja layuka biyar da ke gangarowa daga arewa maso gabas zuwa kudu maso yamma: Jhelum, Chenab, Ravi, Beas da Sutlej. Ka sa birnin Lahor a bakin Ravi, ka sa Amritsar a gabas da shi da tazarar kamar kilomita 50, ka sa Multan can ƙasa kusa da Chenab, sannan ka sa garin Gujrat tsakanin Jhelum da Chenab. Kada ka haɗa wannan Gujrat da jihar Gujarat ta yammacin Indiya, domin kuskure ne da na ga ɗalibai suna yawan yi. A gefen hagu na takardar ka rubuta Afganistan, a dama ka rubuta Delhi, nan take za ka ga cewa duk sarkin da ya taso daga Kabul yana neman dukiyar Delhi sai ya ratsa ta wannan ƙasa.

Bayan taswira sai kalmar misl, wadda ita ce sunan da ake kiran kowace runduna. Bahaushe yana da sa'a a nan, domin asalinta Larabci ne, kuma saiwarta ɗaya da "misali" da muke faɗa kullum, wato abin da ya yi daidai da wani. Rundunonin goma sha biyu ne, kowace tana da jagoranta da ake kira sardar, kuma babu wanda ya yarda cewa wani ya fi shi. Mayaƙin da ya ga sardar ɗinsa ya rage masa rabon ganima yana iya ɗaura wa dokinsa sirdi ya koma wata rundunar. Sukan taru a Amritsar lokacin bukukuwan Baisakhi da Diwali, a taron da suke kira Sarbat Khalsa, su yanke shawara ɗaya da ake kira gurmata, wadda ta hau kan kowa. Idan ka riƙe wannan tsari da kyau, za ka gane dalilin da ya sa suka gagari abokan gaba, kuma shi ne zai bayyana maka yadda suka cinye junansu daga baya.

Shekarun share fage kaɗan ne, kuma ya isa ka rubuta su a gefen takarda. A 1699 Guru Gobind Singh, na goma cikin jagororin addinin Sikh, ya kafa ƙungiyar Khalsa ta mabiyan da suka ɗauki alkawarin addinin, ya rasu a 1708. Jagoran yaƙinsu Banda Singh Bahadur ya ci garin Sirhind a 1710, sarautar Mugal mai mulkin Indiya a lokacin ta kashe shi a Delhi a 1716, daga nan Sikh suka watsu cikin dazuzzuka ana farautarsu. A 1739 Nadir Shah na Farisa ya wawushe Delhi, ya bar daular Mugal da karyayyen baya, sannan a 1748 rundunonin suka haɗu a ƙarƙashin sunan Dal Khalsa da jagorancin Jassa Singh Ahluwalia, a shekarar da Ahmad Shah Durrani na Afganistan ya fara jerin hare-harensa.

Yanzu sai matsalar sunaye, wadda ita ce ta fi kayar da mai karatu, tunda kowane namiji Singh ne. Abin da nake sa ɗalibaina su yi shi ne su jefar da Singh ɗin gaba ɗaya, su rubuta sunan farko tare da garin da mutumin ya riƙe, kamar yadda muke cewa wane na Kano, wane na Zazzau. Chhajja, mutumin ƙauyen Panjwar kusa da Amritsar, shi ne ya kafa rundunar, Bhuma ya gaje shi, sannan Hari, wanda a hannunsa ta bunƙasa ta tara dubban mahaya. Bayan Hari sai Jhanda da ɗan'uwansa Ganda. Wannan shi ne babban reshe mai zama a Amritsar. Akwai kuma reshe na biyu, na Lehna da Gujjar, wanda ya riƙe Lahor da Gujrat. Ka ba kowane reshe shafinsa daban. Sunan Bhangi kuwa ya samo asali ne daga bhang, wani abin sha da ake haɗawa da ganyen wiwi, wanda aka ce mayaƙan farko suna yawan sha. Na faɗi wannan ne don mai karatu ya san tushen sunan, ba don na ga kyan al'adar ba.

Da sunaye suka zauna, sai ka bi birane uku bi da bi, domin a nan naman labarin yake. Amritsar ita ce zuciya, kuma a watan Fabrairu na 1762 Ahmad Shah ya rutsa da Sikh kusa da Malerkotla, ya kashe dubbai, ciki har da mata da yara, abin da suke kira Wadda Ghallughara, babban kisan kiyashi, sannan ya tarwatsa babban wurin ibadarsu na Harmandir Sahib da ke Amritsar da albarushi. Duk wanda ya ga wannan zai ce an gama da su, amma shekara biyu kacal bayan haka suka ci Sirhind, kuma a 1765 Lehna da Gujjar na Bhangi, tare da Sobha na rundunar Kanhaiya, suka shiga Lahor suka raba birnin uku. A shekarar aka buga kuɗin azurfa, ba da sunan wani sardar ba, sai da sunan Guru Nanak, wanda ya kafa addinin, da Guru Gobind Singh, kuma wannan kaɗai ya isa ya nuna maka cewa babu wanda ya isa ya kira kansa sarki a cikinsu. Multan ta faɗa hannun Jhanda a 1772, wanda shi ne ƙololuwar ƙarfin Bhangi, amma riƙon bai daɗe ba, domin Timur Shah, ɗan Ahmad Shah, ya ƙwace ta a 1780.

Ka tambayi kanka da me suka ciyar da dawakai masu yawa haka. Amsar ita ce rakhi: ƙauye yakan ba da kashi ɗaya cikin biyar na amfanin gonarsa, sardar kuma ya ɗauki alkawarin kare shi daga kowane mahari. A zamanin da gwamnan Mugal ba ya iya kare ko ƙofar gidansa, manomi ya ga wannan ciniki ya fi masa.

Akwai abin da nake roƙon mai karatu Musulmi ya kiyaye. Yana da sauƙi mutum ya ɗauki wannan tarihi a matsayin yaƙin Sikh da Musulmi kawai, ya zaɓi ɓangare tun kafin ya gama shafi na farko. An zubar da jini da sunan addini, an keta alfarmar wuraren ibada ta ɓangarorin biyu, wannan gaskiya ne kuma bai kamata a ɓoye shi ba. Sai dai wanda ya kashe Jhanda a 1774, lokacin rikicin gadon sarautar Jammu, ba Ba'afgane ba ne, makircin 'yan'uwansa Sikh na Kanhaiya ne, kuma Ganda ya rasu ba da jimawa ba yana cikin faɗa da su a kan Pathankot. Haka kuma lokacin da 'ya'yan masu cin Lahor suka gaza riƙon birnin, manyan gari, Musulmi da Hindu da Sikh, su ne suka aika wa matashin sardar na rundunar Sukerchakia, Ranjit Singh, wanda ya shiga Lahor a 1799 yana ɗan shekara 18, kuma daga baya Musulmi, Fakir Azizuddin, ya zama mai kula masa da harkokin waje.

Ɗalibaina sukan yi saurin kwatanta sardar da masu tutar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, kuma zamanin ya yi kusa, domin Shehu yana da kamar shekara 11 lokacin da Bhangi suka shiga Lahor. Kwatancen yana taimakawa wajen tuna shekaru, amma ka tsaya a nan. Mai tuta ya karɓi izini daga shugaba rayayye wanda zai iya kiransa ya tsawata masa, shi kuwa sardar ba shi da kowa a samansa sai littafi mai tsarki da shawarar taro, kuma da barazanar Afganawa ta ragu, taron ma ya daina tasiri.

Idan kana son abu guda da za ka gani da ido, nemi hoton igwar Zamzama a intanet. An zuba ta da tagulla a Lahor domin Ahmad Shah, ta shiga hannun Bhangi har mutane suka riƙa kiranta Bhangianwali Top, wato igwar Bhangi, sannan Ranjit Singh ya karɓe ta a farkon ƙarni na 19 lokacin da ya ƙwace Amritsar daga hannun Mai Sukhan, matar marigayi Gulab Singh Bhangi. A yau tana ajiye a gaban gidan tarihi na Lahor, a ƙasar Pakistan. Rubuta sunan kowane mai igwar a ƙasan taswirarka, ka haɗa kowane suna da garinsa.