Yadda Ake Pakoran Albasa Irin Na Indiya

Masu ta tambayata pakoran nan da Indiyawa ke soyawa a bakin titi suna ci da shayi lokacin damina, to gashi.

1. Ki yanka albasa manya 2 siriri.
2. Ki barbaɗa gishiri ki murza.
3. Ki barta minti 10 ta fidda ruwanta.
4. Ki zuba garin besan kofi 1, na waken Indiya ne.
5. Ki sa kurkum da attaruhu.
6. Ki cakuɗa. Kar ki kuskura ki kwarara ruwa, ni ranar farko kunu na dama, ya shanye min mai tas wallahi.
7. Ki ɗora mai, wuta daidai, in tayi yawa waje ya ƙone ciki ɗanye.
8. Ki dinga gutsura kina sakawa.
9. Yayi ja ki kwashe.