Yadda ake sa lambar CIM-10 ga kunnen da ya ƙone ya warke ya bar matsala

Duk wanda ya zauna kusa da masu istaj a ofishin dosiye ya san inda suke faɗuwa, da sun ga kalmar ƙuna da kalmar kunne a takarda ɗaya sai hannu ya tafi kan T20.3 ba tare da sun karanta sauran ba. To T20.3 ɗin lamba ce ta gaskiya a CIM-10, littafin lambobin cututtuka na OMS, Hukumar Lafiya ta Duniya, ƙunar wuta mai mataki na uku a kai ko wuya, kuma kunne yana cikinta, amma ta mutumin da ƙunarsa take ɗanya ce, wanda ake wa pansima yanzu. Yaron da ya ƙone bara waccan aka kawo shi yau don kafar kunnensa ta tsuke, shi ba ƙuna ce ta kawo shi ba, abin da ƙunar ta bari ne. In ka sa masa T20.3 ka ƙara mutum ɗaya a lissafin waɗanda suka ƙone a bana alhali bai ƙone bana ba, kuma aikin da likitan ORL, na kunne da hanci da maƙogwaro, ya yi masa ya ɓace a rahoto.

Ba zan tsaya kan yadda ake buɗe littafin ba, na ɗauka ka san kundi na 3 mai jerin sunayen cututtuka ake fara dubawa a tabbatar a kundi na 1 mai jerin lambobi.

Matakin farko ka karanta dosiyen gaba ɗaya ka amsa tambaya ɗaya: ciwon ya rufe ko bai rufe ba? In har yana ruwa, ana wankewa ana naɗewa, ko ya yi mugunya, to kana cikin T20 har yanzu ko da an yi wata biyu ana fama. In ya rufe, likita ya rubuta ancienne brûlure ko séquelles, wato tsohuwar ƙuna ko sekel, matsalar da ƙunar ta bari, to ka fita daga T20 kwata-kwata. Nan ne ake yawan gardama kan maganar shekara ɗaya, wasu su ce sai ƙuna ta cika shekara. Abin da ke rubuce a kan rukunin T90 zuwa T98 shi ne ya haɗa abin da likita ya kira sekel da kuma abin da yake nan bayan shekara ɗaya ko fiye, wato hanya biyu ce ba ɗaya ba, kuma kundi na 2, na ƙa'idojin sa lamba, ya faɗa ƙarara cewa babu wani mafi ƙarancin lokaci. Tabo na iya kumbura a wata huɗu, in likita ya ce sekel ne shi ke nan. In bai rubuta komi ba kuma shekara ba ta cika ba, tashi ka same shi ka ce likita don Allah wannan tsohuwa ce ko ana kan magani, ya rubuta da hannunsa. Kar ka yanke da kanka.

Mataki na biyu shi ne wanda na fi so a tsaya a kai. Ka nemo abin da ya kawo mutumin yau, shi ne zai zo farko. Kunne ba kamar hannu ko cinya ba ne, fata ce siririya a kan guringuntsi, kuma guringuntsin ba shi da jijiyoyin jini nasa, daga ɗan yaɗin da ya lulluɓe shi yake samun abinci, shi ya sa ƙuna mai zurfi kan sa ya lanƙwashe ko ya zaizaye. Abubuwan da za ka riƙa gani kaɗan ne, ka haddace su. Tabo mai kumburi, keloyid ɗin nan da ke yawa a fatarmu musamman a kunne, L91.0. Tabo na yau da kullum ko fata da ta ɗame ta manne, L90.5. Kunnen da siffarsa ta lalace, H61.1. Kafar kunne da ta tsuke, H61.3. In ji ya ragu saboda toshewar, a kunne ɗaya ɗayan kuma lafiya lau, H90.1, in duka biyu ne H90.0, amma ni ba na sa lambar ji sai na ga likita ya rubuta, maganar uwa cewa yaron ba ya ji sosai ba ta isa ba.

Bayan wannan ne T95.0 take shigowa, ita ce sekel na ƙuna a kai da wuya. Ba ta faɗin me ke damun mutum, tana faɗin daga ina matsalar ta fito ne kawai, shi ya sa take zama a baya. Littafin ya ce sa ta zaɓi ne, ni kam a wurina dole ce, don in ka bar L91.0 ita kaɗai ba wanda zai bambance keloyid ɗin ƙuna da na hujin kunnen ƴammata.

A ce an turo yarinya ƴar shekara bakwai daga wajen Matameye, man suyar ƙosai ya zubo mata a kunnen dama shekara biyu da suka wuce, yau kafar kunnen ta tsuke, ga keloyid a baya, an kwantar da ita don a buɗe kafar. Babbar lamba H61.3 ce tunda ita aka yi wa aiki, sai L91.0, sai T95.0. Da keloyid ɗin aka zo cirewa da L91.0 ce a gaba. Wuri ɗaya ne T95.0 za ta iya zama babba, in matsalolin suna da yawa kuma babu wadda ta fi wata tsanani ko cin aiki, sai dai masu istaj sun mai da wannan ƙofar ta zama hanyarsu ta kullum don ta fi sauƙi, alhali in ka karanta takardar tiyata kusan ko yaushe za ka ga wadda aka fi yi wa aiki. Kuma kar ka haɗa T20.3 da T95.0 kan ƙuna ɗaya, ko tana ɗanya ko ta warke.

Wani abu da ke rikita mutane yanzu shi ne salula. Mutum ya shiga intanet ya nemo lamba ya dawo da T20.311S yana murna. Wannan ta tsarin Amurka ce, ICD-10-CM, da suka fara aiki da shi a watan Oktoba 2015, su ba su da T95, sai su riƙe lambar ƙunar su manna mata S a ƙarshe, 311 kunnen dama, 312 na hagu, 319 ba a faɗa ba. A CIM-10 ta OMS babu wannan, babu ma dama da hagu a cikin lamba, sai ka rubuta gefen da kalmomi. In wata ƙungiya ko kamfanin asirans suka nemi irin ta Amurka to ka ba su, tsarin jerin bai canza ba, tabon a gaba lambar S a baya. In kuɗin megas ne matsala, ka sauke kundi na 1 sau ɗaya a ajiye a kwamfutar ofis, ko ka yi fotokopi na shafukan T20, T95, H61 da L90 zuwa L91 ka liƙa a cikin rajista, ba zai ci maka kuɗi mai yawa ba.

Saura sanadi. X10 na mai ko kunu mai zafi, X12 na ruwan da aka dafa, waɗannan duk na sabuwar ƙuna ne, irin waɗanda ke cika mana gado lokacin hunturu. Ga tsohuwa Y86 za ka sa in haɗari ne, Y87.1 in da gangan wani ya yi. In asid ko soda ce ta ci kunnen ba wuta ba, har yanzu T95.0 ce. T31 ta faɗin jikin da ya ƙone ka bar ta, ba ta da aiki a nan. Ka rubuta shekarar ƙunar a dosiye in iyaye sun tuna, ka kai wa majo ya duba kafin a shigar.